Rigar Yaya Vernon a Bakin Teku

Ni dai ba na kowane ɓangare. Tun da na bar makaranta nake gyaran kifi a rumfar Mista Pugh, ko keke mai kyau ban taɓa mallaka ba. Amma a shekarar 1964 samarin unguwarmu a Landan sun rabu biyu. 'Yan Mod na hawa basfa mai madubai rututu, da kwat tsaf-tsaf da doguwar koriyar riga a sama. 'Yan Roka kuwa nasu manyan babura ne, gashi jiƙe da mai, da baƙar rigar fata mai ƙusoshi a kafaɗa. Ba sai ka buɗe baki ba, rigarka ce za ta faɗi wanda zai doke ka.

Yayana Vernon ɗan Roka ne. Ranar Litinin ɗin hutu yana kwance a gida da karaya a ƙafa, ni kuma zan kai matata Maureen bakin teku, don cikinta ya tsufa, ta ce tana son shan iska kafin ta sauka. Kwat ɗina Mama ta wanke saboda ƙarnin kifi, ba ta bushe ba.

"Ɗauki tawa," in ji Vernon. "Ko yau ɗaya ka yi kama da namiji."

"A hannu zan riƙe ta, Yaya."

Haka kuwa na yi. Na juya cikinta waje, na naɗe, na danne a hammata har muka sauka daga jirgin ƙasa.

Muka karɓi hayar kujerun yadi guda biyu, muka kafa su a kan duwatsun gaɓa. Na sayo mana soyayyen kifi da dankali a takardar jarida, kitsen har ya huda takardar. Sai iska ta taso daga ruwa, irin mai shiga ƙashi, na ga leɓen Maureen yana rawa. A wajenmu in mace ta ji sanyi, mijinta yakan yafa mata rigarsa. Haka Baba yake yi wa Mama. Ban yi wani tunani ba, na warware rigar na ɗora mata. Ta zura hannuwa, ta ja zif ɗin tun daga ƙasa har haɓa, tana dariya. Rigar ta yi mata yawa, ta haɗiye cikin gaba ɗaya.

"Yaya ka gan ni, Clive? Saura babur."

Dariyar ba ta ƙare ba muka ji tafi daga saman titi, da muryoyi masu yawa suna kiran abu ɗaya: "Mod! Mod! Mod!" Tsofaffi suka fara tattara jikoki. Wata mata ta wuce mu da gudu, takalmi a hannu. Na waiga, sai ga korayen riguna sun cika matakala, suna gangarowa. Can gefe wasunsu sun kama wani mai rigar fata, suna jansa zuwa ruwa yana turjewa.

"Clive," Maureen ta ce a hankali. "Rigar."

Ta ja zif ɗin, ya ƙi. Na ja, ya ƙi. Dama kullum sai Vernon ya yi kokawa da shi, ruwan sama ya sa ya yi tsatsa. Ƙarar duwatsu a ƙarƙashin takalmansu tana ta matsowa, har ta tsaya a kanmu.

Na gabansu bai kai ni shekaru ba, ƙuraje ne cike da goshinsa, yana riƙe da ƙafar kujerar da suka karya.

"Kai, ku zo ku ga kazar 'yan Roka! 'Yammata, ina zakaranki? Ya gudu ya bar ki da wannan mai warin kifin?"

"Matata ce, abokina," na ce. "Rigar aro ce."

"Kowa tasa aro ce in ya gan mu."

Suka tuntsire da dariya.

"Cire ta, ƙazama."

"Ta ƙi fita," in ji Maureen.

"To sai mu wanke ku tare, ke da ita."

Na ce tana da ciki. Na faɗa da iyakar muryata, amma muryata ba ta da yawa, na baya kuma suna ta tafi da ihu. Daga can bayan wani ya jefo dutse, ba tare da ya ma ga wanda yake jifa ba. Ya same ta a kwiɓi. Ba ta yi ƙara ba, sai ta dunƙule a kujerar, ta riƙe hannuna da ƙarfi.

Akwai 'yar wuƙar aikina a aljihun wando. Da ita zan iya tsaga rigar nan take. Amma na san in ƙarfe ya haska a hannuna a gaban waɗannan yaran, babu mai tsayawa ya tambayi abin da zan yanka. Na bar ta inda take.

Idona ya faɗa kan takardar dankalin. Mama takan goga guntun kyandir a zif in ya cije. Na durƙusa a gaban Maureen, na ɗauki dankali mafi kitse, na shiga murza shi a haƙoran zif ɗin.

"Ku duba! Ciyar da rigar yake yi!"

"Ba ta kifin ma, malam!"

Wani ya kama bayan kujerarta ya fara jijjigawa. Yatsuna suna santsi. Na ja sama kaɗan, na ja ƙasa. Bai motsa ba. Na ƙara murzawa. Wani hannu ya dafa kafaɗar Maureen, wani ya kama ƙafar kujerar, na ji sun fara ɗaga ta. Na sa haƙori na cije kan zif ɗin, na ja da wuyana gaba ɗaya.

Ya tafi, har ƙasa.

Rigar ta buɗe, cikin ya fito fili a ƙarƙashin 'yar rigarta mai furanni. Na kusa da mu suka daina dariya. Kujerar ta koma ƙasa.

"Me ya hana ka faɗa?" in ji mai ƙurajen.

"Na faɗa."

Ya kawar da kai. Ya fizge rigar daga kafaɗarta, ya ɗaga sama yana juyawa, ya ruga wajen ruwa, sauran suka bi shi da ihu. Ban tsaya na ga inda ta faɗa ba.

Muka hau matakala a hankali, tana jingine da ni. 'Yan sanda suka wuce mu da gudu suna busa usur. Sai da muka zauna a jirgi ta yi magana.

"Clive, cikin bai motsa ba. Tun da dutsen nan ya same ni."

Na ɗora tafin hannuna a kan cikin. Jirgin ya tashi. Gonaki suka wuce, da bayan gidaje, da igiyoyin shanya. Motsin jirgin kawai nake ji, ina ta ɗauka na cikin ne, ita kuma tana girgiza kai. Wani dattijo da ke gabanmu ya sauke jaridarsa, ya dube mu, ya sake ɗagawa. Na yi ƙoƙarin tuna addu'ar da aka koya mana a makaranta, farkonta kaɗai ya zo, na yi ta maimaita shi.

Mun fara ganin hayaƙin Landan ke nan, abu ya bugi tafina daga ciki. Ɗan ƙarami. Na riƙe numfashi. Ya sake bugawa, da ƙarfi wannan karon.

Maureen ta fashe da kuka. Da ta lafa, ta dubi inda hannuna yake.

"Ka ɓata min riga da kitse," ta ce.

Ban ɗauke hannun ba har jirgin ya tsaya.