Ƙaramin Yatsan Gen Mai Takalma

Fuki na durƙushe tana lallashin Gen ya haɗiye cokali ɗaya na kunun shinkafa lokacin da rediyon gidan mai awara ya fasa labarin. A wannan lungu na gabashin Tokyo bango bai iya rufa asiri ba, katako ne da takarda, in maƙwabci ya yi atishawa kai ne mai ce masa sannu. Mai karanta labarai yana faɗa yana maimaitawa: wani yaro matashi ya haye dandamali ya soke shugaban wata jam'iyya da gajeren takobi a gaban jama'a, kuma mutumin bai kai labari ba.

Cokalin ya tsaya a hannunta.

"Me suka ce?" in ji Gen, daga cikin bargo.

"An kuma. Buɗe baki."

"Wa?"

"Gen-san, ina ruwanka da wa? Kunun nan ya huce, buɗe baki."

Ya buɗe, ya karɓa, rabi ya dawo ta gefen leɓe. Ta goge masa da bakin zanen da ke kafaɗarta. Amma zuciyarta ta riga ta bar ɗakin, ta koma inda ta saba komawa duk lokacin da aka zubar da jinin wani babba a ƙasar nan.

Mijinta Sakichi ɗan sanda ne, mai gadin ƙofar gidan wani minista, tun kafin babban yaƙi. Wata Lahadi da yamma wasu matasan hafsoshi suka sauko daga motar haya suka ce suna son ganin maigidan. Sakichi ya tambaye su katin suna, kamar yadda aka koya masa. Suka harbe shi a ciki suka tsallake shi, suka shiga suka gama da ministan. Abin da ya fi harsashin ciwo shi ne abin da ya biyo baya. Da aka fara shari'a sai ƙasa ta haukace da son makasan. Jaridu suna yabon tsarkin zuciyarsu, mata suna kuka a kotu, ana ta aiko da takardun roƙon afuwa da aka rubuta da jini maimakon tawada. A gidan wankan unguwa Fuki ta ji mafi muni: wai wasu maza sun datse ƙananan yatsunsu sun jiƙa a kwalbar barasa sun aika wa alƙalai, don a san ransu ma za su iya bayarwa a madadin yaran. Alƙalan kuwa suka ji. 'Yan shekaru kaɗan aka yanke, makasan suka fito da ƙibarsu. Sunan Sakichi ko sau ɗaya ba a ambata da kirki ba.

Mutum ɗaya ne bai manta ba, Gen mai sassaƙa takalman katako, wanda ƙofarsa ke kallon tata. Abokin darar Sakichi ne, shi ya ɗauki gaban akwatin gawa. Duk ranar da mutuwar ta zagayo zai shigo ya durƙusa gaban hoton Sakichi ya kunna turare. Duk sabuwar shekara zai ajiye mata sababbin takalma a bakin ƙofa, in ta yi maganar biya ya yi kamar kurma. Ranar da jiragen yaƙi suka ƙone unguwar, shi ya goya 'yarta Mineko har bakin kogi. Bai yi aure ba, bai kuma taɓa yi mata maganar da za ta sa ta sunkuyar da kai ba. Ita ma ta biya da abin da take da shi. Shekarar da ake shari'ar ya je garinsu a Niigata ya dawo da hannun hagu a naɗe, ya ce gatari ne ya kuɓuce masa wajen faskaren itacen takalmi ya tafi da ƙaramin yatsa. Dungun ya ruɓe yana ɗoyi. Fuki ce ta riƙa wanke shi da ruwan gishiri safe da yamma tana masa faɗa a kan ganganci, har ya warke.

Sau nawa ta zauna a bakin shagonsa tana cewa, "Masu kwalbar nan, Gen-san, da zan ga ɗaya daga cikinsu sai na tofa masa yawu a ido." Shi kuwa sai ya ci gaba da fiƙe katakonsa. Masu sassaƙa da yatsa tara sun fi a ƙirga a Tokyo, bai taɓa zo mata a rai ba.

Da bazara likita ya ce ciwon da ke cikin Gen ya wuce magani. Ran nan ya kira ta yana wasa da bakin bargo kamar yaron da zai roƙi alewa.

"Fuki-san, ba ni da kowa, kin sani. Ruwan ƙarshe, ke za ki ba ni."

Wannan ba ƙaramin roƙo ba ne. In rai ya zo fita, wanda ya fi kusa da mutum shi ke fara naɗa auduga a tsinken cin abinci ya tsoma a ruwa ya jiƙa masa leɓe, don kada ya kama hanya da ƙishirwa. Aikin matar mutum ne ko ɗansa. Fuki ta ji daɗi har ranta, amma sai ta ɓata fuska.

"In ba ni ba wa? Karen mai awara? Sha maganinka."

Washegarin labarin rediyon, da hantsi, baƙo ya yi sallama. Wani tsoho ne gajere mai jan fuska, da ƙunshin busasshen kifi a hannu, ya ce sunansa Yagihashi, daga Niigata yake, ya ji abokinsa na kwance. Ya cire takalma ya hau tabarma, ya durƙusa gaban Fuki ya kafa tafukansa biyu a ƙasa ya sunkuya, gaisuwa irin ta mutanen da. A nan idonta ya sauka kan hannunsa na hagu. Ƙaramin yatsa babu, an datse shi daidai gaɓar da aka datse na Gen.

"Kai ma mai sassaƙa ne?" ta tambaya tana zuba masa shayi.

"Ni?" Ya yi dariya har haƙoransa na azurfa suka bayyana. "Uwargida, ko ƙusa ban iya bugawa ba. Manomi ne ni. Wannan kike kallo?" Ya ɗaga hannun yana juya shi kamar mai nuna zobe. "Ashe bai taɓa ba ki labari ba? Gen, har yanzu kana nan da zurfin cikinka?"

Gen ya soma tari. Ya miƙo hannu yana laluben hannun rigar baƙon, amma tsohon ya ɗauka murnar ganinsa ce, ya kama hannun ya riƙe.

"Jiya a jirgin ƙasa na ji abin da yaron nan ya yi, na ce to, ashe da sauran maza a ƙasar nan. Sai na tuna namu lokacin. Ana shari'ar hafsoshin nan da suka share mana ministan, ana cewa za a rataye su. Muka taru a bayan wurin ibadar garinmu, aka kawo katakon yankan kifi da wuƙa da kwalba. Kowa ya sha giya ya cika baki, amma da aka ajiye wuƙar sai aka shiga kallon-kallo. Wa kike tsammani ya fara? Wannan da ke kwance. Tun daga Tokyo ya zo musamman. Ya ɗora hannu, ko ƙifta ido bai yi ba."

"Yagi," in ji Gen. Muryar ba ta fi ta sauro ba.

"Bari in faɗa, ka cancanta. Kuma kin san abin da ya ƙara masa girma a idonmu? Ɗan sandan da tsautsayi ya faɗa wa a ƙofar gidan, abokinsa ne. Da bakinsa ya gaya mana. Ya ce aboki aboki ne, amma ƙasa ta fi aboki." Ya kurɓi shayi ya lashe baki. "Ke fa, uwargida, 'yar'uwarsa ce?"

Fuki ta ajiye tukunyar shayin a hankali don kada ta zube.

"Ni ce matar ɗan sandan."

Jan fuskar tsohon ya koma fari. Ya laluba aljihu, ya ce bari ya ɗan sha taba a waje. Har ya manta ya sa takalmi ɗaya a juye.

Ɗakin ya yi shiru, sai ƙarar dutsen niƙan waken mai awara ta bayan bango. Fuki ba ta yi kuka ba. Kunya ce ta rufe ta, kunyar wadda aka daɗe ana kallo tana wauta ba ta sani ba.

"Gatari," ta ce.

Gen ya rufe ido.

"Buɗe idonka, Gen-san. Ni na wanke shi. Da hannuna. Ina wankewa ina hura maka don kada gishiri ya yi maka zafi."

"Fuki-san… a garinmu lokacin ana cin saiwar ciyawa. An sayar da ƙanwata ga masu gidan karuwai don a biya haya. Manyan nan suna cin nama a Tokyo. Yaran nan su kaɗai suka…"

"Sakichi ne ya sayar da ita?"

"Ba shi suka zo kashewa ba. Yana bakin ƙofa ne kawai."

"Kawai."

Ta maimaita kalmar a hankali, kamar mai tauna tsakuwa a cikin shinkafa. Shekara kusan talatin tana jin wannan magana daga bakin jaridu da alƙalai da mata a gidan wanka, tana dawowa gida ta ce a ranta, ai akwai mutum ɗaya da ya san Sakichi ba ƙyauren ƙofa ba ne. Ashe tana zaune kullum a bakin shagonsa.

"Turaren da kake kunna masa fa? Da wane hannu kake riƙe ashana?"

"Na so shi. Ban yi ƙarya a wannan ba."

"Tambaya ɗaya. Da za a mayar da kai bayan wurin ibadar nan yau, a ajiye maka wuƙar, za ka ɗora hannun?"

Ta jira. Da ya ce a'a, ko da ƙarya ce, wataƙila da ta karɓa, don tsufa ya zo kuma ba ta da wani Gen. Leɓunansa da suka tsattsage suka motsa.

"Yara ne, Fuki-san. Da an rataye su."

Ta ɗauki kwanon kunun da ta zo da shi ta fita. Yagihashi na tsugune a bakin kwata, ya yunƙura zai yi magana, ta wuce shi kamar turmi.

Ranar ba ta koma ba. Kashegari ma ta rufe ƙofarta, ta zauna tana ɗinkin da ba ta ganin zarensa. Tana jin tarin Gen ta tsallaken lungu, tana jin matar mai awara, Masa, tana shiga tana fita. Da rana ta karkata tarin ya daina, sai wani numfashi mai kama da jan zarto. Can Masa ta buga mata ƙofa.

"Fuki-san, likita ya ce lokaci ya yi. Kina ina ne tun jiya? Sunanki yake ta kira."

Ta tashi ta gyara ɗamararta, ta zura takalmanta ta tsallaka.

Ɗakin ya cika da mutanen lungu, kowa a durƙushe. Likita ya ja gefe yana naɗe kayansa. An riga an ajiye ƙaramin kofi da ruwa a kan faranti, da sabon tsinke an naɗa masa auduga an ɗaure da farin zare. Da ta shigo aka buɗa mata hanya har kan shimfiɗar, don duk unguwar ta san alkawarin. Masa ta miƙo mata farantin.

Idon Gen a buɗe yake, ya same ta ya tsaya. Leɓunansa sun bushe sun yi fari, harshensa na ɗan leƙowa yana neman danshi. Hannun hagun yana kan bargo, dungun ya warke sumul, aikinta ya yi kyau.

Ta karɓi farantin. Ta juya a kan gwiwoyinta ta ajiye shi gaban Yagihashi, wanda ya raɓe a jikin bango.

"Ga ɗan'uwansa na jini ya zo daga Niigata," ta ce. "Shi ya fi kusa."

"Fuki-san, me kike yi haka?" in ji Masa ƙasa-ƙasa.

Tsohon ya rarrafo ya ɗauki tsinken, ya tsoma ya kai. Ruwan ya ɗiga a haɓar Gen ya gangara cikin wuyan riga. Ya sake tsomawa. Gen bai dube shi ba, idonsa na kan Fuki har numfashin ya ja ya tsaya, bai dawo ba. Likita ya duba ya sunkuyar da kai, mata suka fara shessheƙa.

Fuki ta kafa tafukanta a tabarma ta yi wa gawar gaisuwa cikakkiya, yadda ake yi wa maƙwabci. Sannan ta miƙe ta fito.

A bakin ƙofa takalman jama'a na jere, nata a tsakiya, na sabuwar shekarar bana, masu igiya ruwan toka, waɗanda Gen ya rage wa tsayi saboda gwiwarta. Ta tsaya tana kallonsu. Ta sunkuya ta daidaita su gefe da gefe, ta bar su nan. An watsa ruwa a lungun don kwantar da ƙura, ta taka da farar safarta ta tsallaka zuwa ƙofarta, sawunta na bin ta a jiƙe a kan dakali.