Jan Hancin Yaya Aslaug

Shekara talatin da 'yan kai Oddny Nesvoll ta yi tana wasan kwaikwayo a Oslo, amma ko sau ɗaya ba a taɓa sa ta a budurwar da samari ke haukacewa a kanta ba. Tun tana da ƙuruciyarta daraktoci suka dubi hancinta da faɗin kafaɗarta suka yanke mata hukunci: gwaggo, ungozoma, mai gidan haya, kuku mai tsiwa. Ita kuwa ko a jikinta. Kyawawan da suka fara tare duk an ajiye su da fuska ta fara yamutsewa, ita tsufan ma aiki ya ƙaro mata. A fim, in ta shigo ɗaki da tiren kofi, kafin ta buɗe baki an fara dariya, ko da rabin masu dariyar ba su san sunanta ba.

Abin da mutanen Oslo ba su sani ba shi ne, duk matan nan da take fitowa mace ɗaya ce. Yayarta ce, Aslaug, wadda ta raine ta a tsibirin Kvalnes tun da mahaifiyarsu ta rasu Oddny tana rarrafe. Tafiyar nan da kafaɗa ɗaya a gaba kamar mai ture ƙofa, ta Aslaug ce. Jan hanci kafin a yaɓa wa mutum baƙar magana, na Aslaug ne. Oddny ta kwashe su kaf ta tafi da su birni ba tare da neman izini ba, ta kuma kwantar da hankalinta da cewa babu silima a tsibirin, Aslaug kuma ba mai hawa jirgin ruwa don kallon shirme ba ce.

Kwatsam a wani hunturu ƙungiyarsu ta ɗauki wasa tana zagaya garuruwan arewa, darakta Halvard ya zo yana washe baki ya ce ya sa Kvalnes a hanya. Shi a dole ya yi mata gata.

"Halvard, me na tare maka a duniyar nan?" in ji Oddny.

"Garinku ne fa. Za su ɗauke ki a ka."

"Za su ɗauke ni, amma makwanci za a kai ni."

Wasa ta mai da maganar, amma tsoro ne fal cikinta. Aslaug kaɗai ta rage mata a duniya, kuma mace ce da ta daina gaida maƙwabciyarta shekara da shekaru saboda ta yi wa hularta murmushi a coci. Ina ga tsibiri guda ya taru ya yi mata dariya a gaban idonta? Haka dai Oddny ta hau jirgin ruwan Kvalnes.

Aslaug na tsaye a bakin gaɓa, ta dogara sanda, bayanta ya rankwafa fiye da bara.

"Kin yi ƙiba, Auta," ta ce. Gaisuwar ke nan. "Na sa an ajiye min kujerar gaba."

Da yamma aka fara, saboda jirgi zai wuce da wuri. Zauren taron gari ya cika maƙil, ba ka jin komai sai warin jiƙaƙƙen ulu da man kifi. Oddny ce mai aikin gidan fasto a wasan, kuma ta riga ta yanke shawara a ranta. Ta shigo a miƙe sambal, kafaɗu daidai, ta faɗi maganarta cikin ladabi, hanci ko motsi bai yi ba.

Zaure ya yi tsit. Wani ya yi tari a baya. Abin takaici ma, Sigvald da ke fitowa a fasto ashe bai taɓa haddace inda zai shigo da maganarsa ba, jan hancin nan yake jira ya san lokacinsa ya yi. Bawan Allah ya tsaya da baki buɗe yana kallon hancin Oddny, ita tana kallon rufi. Halvard kuwa a bayan labule saura kaɗan ya cinye hularsa. Haka aka ja kashin farko kamar ana zaman makoki.

Da aka tafi hutu jama'a suka yi layin kofi da waina. Oddny na zaune a kan akwatin kaya a bayan bargon da aka rataya a matsayin ɗakin shiri, sai ta ji ƙwas ƙwas ɗin sanda. Aslaug ta yaye bargon ta shigo.

"Auta, ba ki da lafiya ne?"

"Lafiyata ƙalau, Yaya."

"To wace ce wannan taɓaryar da kika tsayar mana a kan dandamali? Ina kafaɗar? Ina hancin?"

Oddny ta ɗago kai. "Au, kin sani?"

"Ke a ganinki mu a ƙarƙashin teku muke zaune? Duk fim ɗinki da ya zo silimar birnin Bodo, mu matan ƙungiyar ɗinki cika jirgi muke mu je. Har masu sayar da tikiti sun san ni. Na gama cika wa mutane baki cewa yau za su gani ido da ido, kin zo kin kunyata ni."

"Na ɗauka za ki yi fushi ne. Kwaikwayonki fa nake yi, ana dariya."

"Kwaikwayona?" Aslaug ta ja hanci, ta ture ta gefe ta zauna a kan akwatin. "Ke wai kin ɗauka nawa ne? Na Mama ne. Ranar da aka binne ta ina 'yar sha uku, ga ke kina ihu, ga yara maza ba mai jin maganata. Sai na sa rigar girkinta, na tura kafaɗa, na ja hanci yadda take yi. Nan take gida ya nutsu. Daga nan ban sake cirewa ba. Kin ga ashe na riga ki shiga sana'ar, Oslo ce kawai ban je ba."

Mahaifiyar nan ko hotonta babu, kuma duk tsawon rayuwarta Oddny ta ɗauka ba ta san komai game da ita ba sai sunanta, Ragna, a jikin dutsen kabari.

"Ni hali kawai na ɗauko," in ji Aslaug, muryarta ta ɗan sauka. "Ke kuwa har fuskar da muryar. Yanzu bayana ya ƙi, ba na iya tafiyar. Kin ga tsoho Peder a layi na biyu, wanda jikokinsa suka turo a amalanken kifi? Ba fasto ya zo kallo ba. Tashi ki goge idon nan, kwalliyarki na zuba."

Aka buga ƙararrawa. Oddny ta ɗauki tire, ta tura kafaɗa gaba, ta bangaji ƙofar katako har bangon wasan ya girgiza. Ta tsaya a kan fasto, ta dube shi sama da ƙasa, ta ja hanci.

Zauren ya kece da dariya har fitilu na rawa. Sigvald ya farfaɗo, magana ta dawo masa tiryan-tiryan. Cikin hayaniyar Oddny ta jiyo muryar tsoho Peder, da ƙarfi irin na kurame: "Wallahi Ragna ce, Ragna ce ta dawo." Aslaug kuwa tana dukan ƙasa da sanda, tana dariya hawaye na bin kumatunta, ko sharewa ba ta yi. Daɗi ya cika Oddny har ta tsallake layi guda, ba kuma wanda ya lura.

Bayan an tashi 'yan wasa suka shiga haɗa kaya don kada jirgi ya bar su. Oddny ba ta cire rigar wasan ba. Ta jingina ɗan madubinta a kan akwati, ta ja da baya, ta tako a hankali da kafaɗa a gaba tana kallon matar da ke tahowa. Ba ta ji shigowar Aslaug ba sai da ta yi magana a bayanta.

"Ɗan ƙara ɗaga haɓar. Ba haka ba, kaɗan. Yauwa." Aslaug ta dafa kafaɗarta, su biyu suna kallon madubin. "To ga ta nan, Auta. Ku gaisa."