Luguden Hinda

Haidar shi ke sa kiɗa a wani gidan rawa a Magariya, kuma ɗan fari ne. Wannan na biyun ne ke cin ransa. Uwarsa Hinda ba ta taɓa faɗin sunansa ba saboda kunyar ɗan fari, daga "kai" sai "wancan". Da aka gaya mata ɗanta na haɗa kiɗa da na'ura samari da 'yan mata suna tsalle, ba ta ce uffan ba. Shi kuwa da zaginsa ta yi da ya fi masa, ko ba komai ya san yana ranta.

Mai gidan rawar, Khalil, ya ce mutane sun gaji da kiɗan Kano da na Abijan, a nemo sabo kafin Asabar. Haidar ya tafi garinsu Yekuwa, ya tarar da Hinda da maƙwabciyarta suna lugude, a wurga taɓarya sama, a tafa, a cafe. Ya danna ɗaukar sauti, ya ɓoye wayarsa a gindin danga, ya fita gaishe-gaishe.

Da ya dawo Magariya ya zauna saurare. Can wajen ƙarshe, bayan maƙwabciyar ta tafi, sai ga murya ƙasa-ƙasa tana bin bugun turmi: "Haidar nawa, Haidar mai sa gari rawa."

Ƙato da gemu, sai ga shi yana share hawaye da bakin riga. Daɗi ne ya yi masa yawa.

Khalil ya ji, ya daka tsalle. "Kai! Wannan ai shi ne kiɗan! Ka saka shi haka, har Yamai sai an san ka."

"In ya kai Yekuwa, Inna ba ta ƙara ɗaga kai a bakin rijiya," in ji Haidar.

Ran Asabar sautin turmin Hinda ya cika gidan rawar, da ganga mai nauyi a ƙarƙashinsa. A tsakiya sai kiɗan ya ɗauke ɗif, daidai wurin da Haidar ya yanke muryar. Masu rawa suka ɗauka salo ne, suka cike wurin da tafi da ihu.

Khalil ya matso yana harara. "Ka bar mana rami a kiɗa!"

Haidar bai ji shi ba. Ya danne abin sauraro a kunnensa da hannu biyu, a ciki uwarsa na kiran sunansa.