Hannun Baturiya

A shekarar da aka sauke tutar Faransa a Agiye, akwai wata mata mai suna Baturiya da ɗiyarta Salamatu, a wani ɗan gida bayan kasuwa. Mijin ya rasu, gonarsa ta koma hannun 'yan'uwansa. Ba su da rumbu, ba su da akuya. Abin da ke ciyar da su shi ne kaɗi: Baturiya ta wuni zaune, gwiwar hannunta ta dama dafe kan gwiwar ƙafarta, tana murza mazari, ran kasuwa ta kai wa masaƙa zare. Da wannan hannun ta iya barin Salamatu a lakol, inda yarinyar ta fara haɗa baƙaƙe tana karantawa, tana kuma son wurin ƙwarai.

Ciwon ya shigo a hankali. Da fari ƙaramin yatsa da na kusa da shi suka riƙa mutuwa, kamar tururuwa na yawo a ciki. Daga baya zare ya soma suɓuce mata. Wata rana garwashi ya taɓa gefen hannun, ba ta sani ba sai da Salamatu ta ji ƙauri.

Suka tafi wurin Jaye, yayan Baturiya, mai ɗori. Ya juya hannun, ya latsa, bai ga karaya ba.

"Ke dai son aiki zai kashe ki," in ji shi. "Ko jaki ana sauke masa kaya. Hannun nan gajiya ya yi."

"To Yaya, in na sauke, kai za ka riƙa kawo mana tuwo?"

"Zan kawo, in kin iya cin na matata."

Ya shafa mata magani, ya naɗe hannun a lanƙwashe, ya ɗaure shi a ƙirjinta kamar yadda yake yi wa masu karaya. Ya ce kada a kwance sai don wanka. Salamatu ce mai mayar da ɗaurin kowace safiya kafin ta tafi lakol. Tana jan tsumman da kyau, don tana ganin iyakar tsaurinsa iyakar saurin warkewa.

Haka aka ci rani. Da aka kwance, yatsun biyu sun ƙanƙame sun ƙi miƙewa, naman da ke tsakanin babban yatsa da manuni ya zube ya bar rami.

Sai a lokacin suka je likita. Malamin da ke duba marasa lafiya ya ɗan buga bayan gwiwar hannun da yatsa, Baturiya ta zabura.

"Har ƙaramin yatsa na ji shi," ta ce.

Ya gaya musu akwai wata jijiya da ke bi ta nan, ta ratsa wuyan hannu, ta sauka cikin yatsun nan biyu. Yawan dafa gwiwar da lanƙwasa ta ne ya matse jijiyar. Abin da jijiyar take so tun farko shi ne a bar hannun a miƙe.

"Wa ya ɗaure shi haka?"

Baturiya ta dubi ƙasa. "Ni na ɗaure abina, malam."

Salamatu na tsaye a bayanta, tana ji. Malamin ya ce naman da ya zube da wuya ya dawo, aikin tiyata kuwa sai babban gari, shi ma ba tabbas.

Washegari aka buga ƙarfen lakol. Baturiya ta shimfiɗa tabarma, ta jawo kwandon auduga.

"Tafi, 'yar nan, kada mushe, malaminku, ya yi faɗa. Yau na ji dama."

Ta kama mazari, ya faɗi. Ta ɗauka, ta matse shi da babban yatsa har yatsan ya lanƙwashe, mazarin ya sake faɗi ya gangara wajen ƙafar Salamatu. Babu hatsi a gidan tun jiya, tuwon gidan Jaye kuma ya daɗe da daina zuwa kullum.

Salamatu ta ɗauki mazarin, ta zauna gefen tabarmar.

"Inna, nuna mini yadda ake jan zaren."

Baturiya ta buɗe baki za ta hana, sai ta fasa, ta matso da kwandon. Salamatu ta gane cewa hannun innarta ba zai warke ba, ita ma ba za ta koma lakol ba.