Fiyanon da Aka Gyara

Nalwoga ta danna maɓalli ɗaya ta saurara. Ta danna na kusa da shi. Sautin ya fito tas, daidai, babu ko ɗigon kuskure. Nan ta san an gama da ita.

Kwana uku ta yi a kan fiyanon nan, a ƙaramin zauren sashen kiɗa na jami'a, tana sassauta wannan waya tana ɗaure waccan. Kafin nan ta shafe shekara biyu tana bin makarantun firamare daga Kampala har Masaka, tana naɗar ƙarar tsofaffin wilin mota da ake ratayewa a bishiya a buga wa yara su shiga aji. Wili talatin da ɗaya, kowanne da muryarsa, babu wanda ya dace da ma'aunin da aka ƙera fiyano a kai. Muryoyin nan ta zuba wa wayoyin, ta rubuta kiɗa na minti ashirin a kansu. Yau da ƙarfe ɗaya za a fara jinsa. Ita za ta buga da kanta, don duk makaɗin da ta roƙa sai ya tuna yana da biki.

"Kada ki gode mini, Nnyabo," in ji wata murya daga bayan zauren, da kalmar da ake girmama mace da ita a nan.

Dattijon da ake kira Mzee Byaruhanga ne, mai saita fiyano, yana goge hannu da tsumma. Shekara arba'in ke nan duk ranar da za a yi wasa a zauren yakan zo da sassafe ya saita kayan, ba tare da kowa ya aika masa ba. Sashen ma ya manta ko akwai takardar ɗaukarsa aiki.

"Tun shida nake nan. Ban san 'yan iskan da suka yi wa kayan nan aika-aika ba. Ko waya ɗaya ba su bari a wurinta ba."

"Ni ce 'yan iskan, Mzee."

Ya tsaya da goge hannun.

"Na liƙa takarda a murfin," ta ce. "Da jan biro."

"Na ga takarda. Na ɗauka irin ta kada a ɗora kofin shayi ce. Ai ban zo da tabarau ba, kunne nake aiki da shi."

"Awa nawa za mu yi mu mayar da shi?"

"Mu lalata shi, kike nufi? Shida, in wayoyin sun yarda. Kuma ba za su yarda ba. Wayar da aka ja sau biyu a rana ɗaya ba ta zama inda aka ajiye ta."

Agogon bango ya nuna sha ɗaya da rabi. Gobe za a jera tebura a zauren don jarrabawa, daga nan sai ƙungiyar mawaƙan coci har ƙarshen shekara. Wannan awa ɗaya ma sai da ta yi wata goma tana bin shugaban sashe kafin ya ba ta, ya kuma ba ta lokacin da kowa ke cin abinci.

Ta fita ta sayi gasasshiyar ayaba a bakin ƙofa, ta riƙe ta har ta huce. Ta duba wayarta ko akwai wanda za ta gaya wa. Mutum biyu ne a duniya za su gane girman abin, ɗaya yana Berlin bai amsa saƙonta na bara ba, ɗayan kuma an binne shi.

Mutum goma sha huɗu suka zo. A layin gaba akwai yayanta Kiggundu, wanda ya rufe shagon kayan gini ya taso daga Masaka, ya zauna da fuskar mai jiran allura. Ya taɓa jin aikinta sau biyu, kuma zumunci ne kaɗai ya dawo da shi.

Ta yi tunanin miƙewa ta ce an fasa. Sai ta ga takalmin da Kiggundu ya goge don zuwan nan, ta zauna ta ɗora hannu a kan maɓallan.

Da ta rubuta kiɗan, ta jera muryoyin wilin ne yadda yatsu za su same su cikin sauƙi, uku uku, kusa da juna. Bai taɓa zuwa mata ba ta ji abin da wannan jeri zai bayar a fiyano mai lafiya. Yanzu ta ji. Inda ya kamata ƙarafa su yi ta gardama da juna har haƙori ya yi tsami, sai ga wani abu mai laushi yana gangarowa, irin wanda ake bugawa amarya na shiga coci. Ta buga shi har ƙarshe, ba ta tsallake komai ba. Wata mata a layi na uku ta ciro hankici.

Aka yi tafi. Wasu har da miƙewa, abin da bai taɓa faruwa da ita ba cikin shekara ashirin da biyu.

"Ashe kin iya!" in ji Kiggundu, ya kama hannunta biyu. "To duk shekarun nan me muka yi miki? Wannan za ki buga a bikin 'yata Nassozi, na gama magana. Amma ki rage tsawon, mutane za su ji yunwa."

Shugaban sashe ya ce ya daɗe yana gaya wa mutane cewa za ta natsu wata rana. Ya ce ta zo ofis su yi maganar babban zaure.

Kafin biyu saura kwata wurin ya watse. Ta tsaya tana harhaɗa takardunta. Mzee Byaruhanga ya taso daga kujerar ƙarshe da jakar kayan aikinsa.

"Ya yi daɗi," ya ce.

"Haka suka ce."

"Ba shi ba ne ko?"

"Ba shi ba ne."

Ya jinjina kai, ya shafa gefen fiyanon kamar mai lallashin saniya.

"Da safe, kafin in sa hannu, na bi wayoyin ɗaya bayan ɗaya in ji irin ɓarnar. Akwai wata can ƙasa, wajen hagu. Ina taɓa ta gabana ya faɗi. Wallahi sai na ji kamar na makara, malam na tsaye a bakin aji da bulala. Ni da nake da jikoki tara." Ya yi 'yar dariya. "Na sake taɓa ta har sau uku. Sai da na zauna."

Nalwoga ta daina harhaɗa takardun.

"Sai kuma me, Mzee?"

"Sai na fara gyaran daga kanta."

Ya rufe murfin, ya murɗa makulli, ya ce ta gaida mutanen Masaka.