Ruwan Ɗaurayar Tanki

Shekara ashirin da shida Tsoho yana haɗa fenti a masana'antar nan, bai taɓa fitar da bokiti mai wari ba. Sai maigida ya ɗauko surukinsa ya ɗora shi a kan kowa. Ma'aikata suka raɗa masa Mai Kwat, don ko gindin tankin haɗa fenti da kwat yake zuwa, yana kakkaɓe kafaɗa.

Mai Kwat ya zo da dabara. Ruwan da ake ɗauraye tanki da shi, wai kada a zubar, a tara a duro, a haɗa fenti na gaba da shi. Duron ya kwana tara a rana. Tsoho ya ɗaga marfi, ya tsoma yatsa, ya ji yauƙi kamar majina.

"Ranka ya daɗe, ruwan nan ya ruɓe. Ƙwayoyin cuta sun yi 'ya'ya da jikoki a ciki."

"Ba muna zuba maganin kashe su ba?"

"Awon maganin na tsaron fenti mai tsabta ne. Ba zai iya da wannan ƙazanta ba."

"Baba, kai da hanci kake aiki, ni da ilimi. Ka zuba, ka sa hannu a takardar fitar da kaya, ko ka koma gadi."

Tsoho ya dubi takardar. Sa hannun nan da ƙyar ya koye shi, kuma bai taɓa ɗora shi a kan ƙarya ba. Ya ajiye biro, ya ɗauki butarsa, ya nufi bakin ƙofa ya kama gadi. Mai Kwat ya rattaba nasa, har da lanƙwasa.

Mako uku, sai ga motar kaya ta dawo shaƙe da bokitai. Marafa sun kumbura, fenti ya tsinke, wari kamar ruɓaɓɓen ƙwai. Direba ya ɗaure hanci da tsumma. Tsoho ya buɗe masa ƙofa.

Maigida ya tako da kansa, yana sosa ƙeya.

"Malam, ka yi haƙuri, ka koma tankinka."

Daga bayansa Mai Kwat ya ce, "Ai da an ninka maganin..."

Tsoho ko kallonsa bai yi ba.

"Zan koma, maigida. Duron nan a zubar da shi yau. Kwana uku za mu yi muna wanke bututu da ruwan zafi. Cikin tanki kuwa gwiwata ba ta bari in shiga yanzu. A ba surukinka buroshi, tsayinsa daidai ne."