Tseren Buhun Dawa a Doka

Mutanen Doka sun saɓa a kan shekarar da aka fara tseren motoci a bayan gari, amma duk sun yarda gardama ce ta haife shi. Mudi makanike ne, garejinsa na bakin hanyar da lorori ke bi su nufi Gadarif. Hannunsa na da kyau, fushinsa kuma kusa yake. Abokinsa Husain direba ne, yana jigilar ma'aikatan gona zuwa Simsim a boksi, wato motar nan mai buɗaɗɗen baya. Shi ma Mudi yana da tasa tsohuwar boksin da ya harhaɗa da kansa. Duk ranar da suka zauna shan jabana, wato gahawa, sai an yi musu kan wacce ta fi gudu, har masu zama kusa da su suka gaji.

A lokacin 'yar Batulu, yayar Mudi, tana kwance a asibiti da kala'azar, zazzaɓin nan mai kumbura ciki. Jinyar takan ɗauki makonni, kuma yawancin masu jinya daga ƙauyuka suke, guzurinsu kan ƙare tun ba a yi nisa ba. Batulu takan kai kisra, gurasar nan ta dawa, don 'yarta, sai ta tarar da idanu sun yi mata yawa, ta rarraba, ta dawo rai ɓace. Wata rana da yamma ta biyo ta garejin ta iske su suna wannan musu nasu.

"Tunda kun ƙi gajiya," in ji ta, "ku je fili ku gwada. Wanda aka kayar ya kawo mini buhun dawa in dafa wa masu jinya."

An gama girbi, gonar Hajji Tijjani na nan fayau a yammacin gari, baƙar ƙasarta ta bushe ta tsattsage. Suka kafa garwa a ƙarshen gonar, za a je a kewayo ta a dawo. Ba su gayyaci kowa ba, amma 'yan ƙwadagon da suka gama yankan riɗi suna jiran motar gida suka taru, masu shayi suka biyo su da murhunansu. Aka kayar da Mudi, don lagiretonsa ya tafasa tun kafin ya kai garwar. Ya kai buhunsa yana cika yana batsewa. Husain ma ya kai nasa, ya ce bai ga dalilin da zai sa a bar wa Mudi ladan shi kaɗai ba.

Da shekara ta zagayo, direbobi suka riƙa zuwa garejin suna tambaya ko za a sake. Mudi ya kafa ƙa'ida guda: kowace mota ta shigo da buhu, ɗan kallo kuma ya kawo abin da ya sawwaƙa, ko mudu ne. Shi ke aron tarakta ya ja tsohon ƙarfe a baya ya baje hanya. Shi ke raba faɗa, shi kuma ke tayar da rabinsa. An yi shekarar da wata mota ta kife direbanta ya karye a kafaɗa, an yi shekarar da damina ta yi gardama buhunan suka zo rabi-rabi. Duk da haka tukunyar Batulu da matan unguwarsu ba ta sauka daga bakin asibiti ba sai bazara ta yi nisa.

Sunan tseren ya kai Gadarif, daga nan kuma abubuwa suka fara kufce wa Mudi. Aka ce taro irin wannan ba ya yiwuwa sai da lajna, wato kwamiti, kuma tunda fili na Hajji Tijjani ne aka ɗora shi shugaba. Aka kafa rumfa da kujeru, aka kawo lasifika. 'Ya'yan 'yan kasuwa suka zo da sababbin motoci masu ƙyalli, aka tura tsofaffin boksi zuwa ƙarshen shiri, lokacin da rana ta take kuma manyan baƙi sun watse. Mudi ya haɗiye wannan, domin buhunan sun ninka. Abin da ya kasa haɗiyewa shi ne shekarar da aka jibge dawar a sito ana jiran wani babban baƙo ya zo a miƙa ta a gabansa a ɗauki hoto. Baƙon ya ɗaga zuwansa, ya sake ɗagawa. Batulu na aron hatsi a maƙwabta tana dafawa, sito kuwa na kulle.

Mudi ya iske Hajji Tijjani a kasuwa cikin mutane. Ya fara da ladabi, amma da Hajjin ya ce masa ya yi haƙuri, tsari ne, sai bakinsa ya ƙwace. Ya faɗi maganganun da ba a faɗa wa dattijo, ya rantse ba zai ƙara taka filin ba. An buɗe siton bayan kwanaki, kuma dawar ta ciyar da mutane fiye da kowace shekara. Wannan ma ya ƙona masa rai, don ya hana shi abin faɗa. A tseren da ya biyo baya yana ƙarƙashin wata lori a gareji iska ta kawo masa muryar lasifika, mai sanarwa na ba da tarihin yadda Hajji Tijjani ya ƙirƙiro tseren saboda tausayin marasa lafiya. Husain ya zo da yamma yana dariya yana ba shi labari, Mudi ya kore shi.

Haka aka yi shekaru ba shi. Sai yaƙi ya ɓarke a Khartum, daga baya ya ci Madani, jama'a suka yi ta kwararowa gabas. Makarantar da ke kusa da gidan Batulu ta cika da iyalai, kowane aji gida guda ko biyu. Tsere ya mutu ba wanda ya yi masa jana'iza, lajna ta watse, masu sababbin motoci suka ɓoye su ko suka tsallake iyaka da su. Batulu ta maida tukunyarta ƙofar makarantar. Ta tsufa, gwiwa na damunta, amma bakinta na nan yadda yake. Bayan girbi ta zo garejin ta zauna a kan taya, ta ce masa dawa na nan a gonaki, manoma kuwa kowa ya ƙanƙame tasa saboda tsoro, sai an ba su dalilin fitowa da ita.

"Yaya, na yi rantsuwa," in ji Mudi.

"Ka yi kaffara. Ni yara nake gani suna lasar murfin tukunya."

Ya yi kwanaki yana jan ƙafa kafin ya je gidan Hajji Tijjani. Hajjin ya karɓe shi da fara'a, ya sa aka kawo shayi, bai ko ambaci abin da ya faru a kasuwa ba, abin da ya sa Mudi ya ji kamar an zaunar da shi kan ƙaya. Hajjin ya ce fili na nan, amma shi ba zai sa hannu ba sai an samo izinin taro. Mudi ya shiga zirga-zirga tsakanin Doka da Gadarif. Wannan ofis ya tura shi wancan, wancan ya ce mai sa hannu ya fita. Wani jami'i ya dube shi sama da ƙasa ya tambaye shi ko ya san ƙasar na cikin yaƙi. Mudi ya ce saboda ya sani ne ya zo. A ƙarshe aka ba shi izini da sharuɗɗa: ba lasifika, ba rumfa, kuma a watse kafin azahar.

Sai matsalar mai. Direbobin da a da suke roƙon a sa su, yanzu kowa na cewa ɗan abin da ke tankinsa na neman abincin yara ne, kuma Mudi ya san gaskiya suke faɗa. Da ƙyar ya haɗa motoci huɗu, har da tasa da ta Husain, wanda ya dawo garejin kamar ba a taɓa korarsa ba.

A cikin mutanen makarantar akwai wani Awad, direban tasi daga Khartum, wanda aka ƙwace wa mota a hanya. Tun da ya ji labarin tseren yake zuwa garejin yana zagaya boksin Mudi yana shafa ta. Ya ce tun ranar da aka sauke shi daga motarsa bai ƙara riƙe sitiyari ba. Mudi ya yi niyyar tuƙawa da kansa, ya daɗe yana jiran wannan ranar, amma da safiyar tseren ya ga yadda mutumin ya tsaya a gefe ya harɗe hannuwa, sai ya miƙa masa makulli ba tare da ya dube shi ba. Ya gargaɗe shi cewa nan ba kwalta ba ce.

Jama'a sun cika filin fiye da yadda aka zata, sai dai yawancinsu mutanen makarantar ne, waɗanda ba su da ko mudu. Manoman da aka yi abin dominsu kaɗan ne suka zo. Motocin suka tashi, ƙura ta turnuƙe, yara na bin gefen hanya da gudu, wata tsohuwa daga Madani na ta guɗa. Awad ya wuce kowa. A kwanar garwa ya shiga da gudun titin birni, tayar gaba ta faɗa wani tsagin ƙasa, aka ji ƙara, motar ta durƙusa. Awad ya fito lafiya. Ana shirin zagaye na biyu sai jami'in da aka turo sa ido ya nuna agogonsa, aka watse.

Mudi ya taka har inda motarsa take. Ƙafar gaba ta karye, ƙarfen da ke riƙe da ita ya tsage gida biyu. Awad na tsaye yana ba da haƙuri cikin Larabci, yana maimaitawa. Duk wanda ya san Mudi ya ja da baya yana jiran abin da zai fito daga bakinsa. Ya buɗe baki, ya dubi takalman roban da ke ƙafar mutumin, ɗaya an ɗaure shi da waya, sai ya juya ya daki tayar da ƙafa har ya ji ciwo.

Dawar da aka tara a boksin Husain guda ta shige, da sauran wuri. Washegari Hajji Tijjani ya aiko da ƙari daga sitonsa, an rubuta sunansa da jan fenti a jikin kowane buhu. Batulu ta ce ita ba fenti take dafawa ba, ta sa aka shigar da su. Duka-duka dawar ba ta kai su ƙarshen sanyi ba.

Ƙarfen da ya karye ba a samunsa a Gadarif, masu kawo shi daga Khartum kuwa sun daina. Boksin na nan a bayan gareji an ɗora ta kan duwatsu. Awad ya riƙa zuwa kullum yana kama aiki ba a sa shi ba, Mudi na yi masa tsawa daga safe har yamma, yana kuma raba abincin rana da shi. Da Batulu ta tayar da zancen tseren baɗi, Mudi ya ce kada wanda ya ƙara yi masa maganar tsere, shi ya gama. Ta ce to, amma ta riga ta gaya wa manoman Basunda su ware buhunansu, kuma Husain ya ce zai ara masa mota in zai iya jure a sake kayar da shi.